Zakaran da Aka Aika: Nazarin Lamarin Taufik Hidayat

A watan Mayun 2020, kotun da ke shari'ar masu cin hanci a Jakarta ta saurari wani shaida ta bidiyo, domin lokacin korona ne, ba a taruwa. Wanda ake tuhuma shi ne Imam Nahrawi, tsohon ministan matasa da wasanni na Indunusiya. Amma ranar ba shi jama'a suka zuba wa ido ba. Shaidan ne ya ɗauke hankali: Taufik Hidayat, ɗan wasan badminton da ya ciyo wa ƙasar zinare a gasar Olamfik ta 2004, mutumin da yaro da babba suka san fuskarsa. Da bakinsa ya faɗa wa alƙalai cewa kuɗi rupiya biliyan 1 sun bi ta hannunsa zuwa hannun mai taimaka wa ministan. Shekara huɗu da 'yan watanni bayan wannan shaida, aka rantsar da shi mataimakin minista a wannan ma'aikatar dai.

Mai karatu a Garwa ko Marwa zai iya cewa ina ruwanmu da badminton. Gaskiya ne, wasanmu ƙwallon ƙafa ne, hirarmu ta Coton Sport ce da filin Roumdé Adjia. Badminton kuwa sai a cikin ɗaki rufaffe, don ƙwallonsa gashin fiffiken dinya ko agwagwa ne guda 16 da aka dasa a kan wani ɗan dunƙule mara nauyi. In ka fito da shi fili a iskar hunturun nan tamu, sai dai ka bi shi da gudu. To amma duk lokacin da zaɓe ya ƙarato, jam'iyyu a nan ma fuska suke nema: tsohon ɗan ƙwallo, mawaƙi, duk wanda matasa za su yi wa tafi. Lamarin Taufik ya dace da nazari ne saboda komai nasa a fili yake. An ga yadda ya yi suna, an ga yadda aka shigar da shi gwamnati, an ji abin da ya faɗa a kotu, an kuma ƙirga ƙuri'unsa.

Yaron Pangalengan

An haife shi ranar 10 ga Agustan 1981. Ya tashi a Pangalengan, yankin tuddai na manoman dankali da ganyen shayi a kudu da birnin Bandung, cikin Jawa ta Yamma. A kulob ɗin SGS na Bandung ya koyi wasa, kuma tun bai gama tasowa ba aka ɗauke shi zuwa sansanin horon 'yan wasan ƙasa da ke Cipayung.

Sai an san matsayin wasan a can za a gane nauyin sunansa. Indunusiya ƙasa ce mai mutane sama da miliyan 270, mafi yawansu Musulmi. Ba ta taɓa cin zinare a Olamfik ba sai a 1992, shekarar da aka fara ba da lambobin badminton a Basalona, inda Susi Susanti da Alan Budikusuma suka ci na mata da na maza. Daga nan har 2008, duk zinaren da ƙasar ta samu a Olamfik daga wannan wasan ya fito. Ɗan badminton a Jakarta, abin da Roger Milla yake a wurinmu ke nan.

Yana da shekara 17 Taufik ya kai wasan ƙarshe na gasar All England a 1999, Peter Gade na Danmak ya doke shi. Shekarar da ta biyo ya sake kaiwa, ya sake faɗuwa, kuma har ya ajiye raket bai ci wannan kofin ba. Amma a 2000 ɗin, yana ɗan shekara 19, ya zama na ɗaya a duniya. Ya ci gasar Indonesia Open sau 6. Masu kallo sun fi tuna shi da bugun bayan hannu, wanda yawancin 'yan wasa da shi suke kare kansu kawai, shi kuwa da shi yake kashe wasa.

Ranar 21 ga Agustan 2004 a Atina ya doke Shon Seung-mo na Koriya ta Kudu da 15-8 da 15-7, alhali ba ya ma cikin manyan da aka ware tun farkon gasar. Mu 'yan Kamaru muna da dalilin tuna wannan makon, domin kwana biyu bayan haka Françoise Mbango ta yi tsallen mita 15.30 ta ciyo mana zinare a wannan birnin. A 2005 a Anaheim ta Amurka, Taufik ya lallasa Lin Dan na ƙasar Sin da 15-3 da 15-7, ya haɗa kambin duniya da na Olamfik a hannu guda, abin da babu namijin da ya riga shi yi a wasan mutum ɗaya. A 2006 a Doha ya sake doke Lin Dan ɗin a wasan ƙarshe na gasar Asiya.

Akwai wani ɓangare na halinsa da ya kamata a riƙe, don zai yi amfani a gaba. Taufik ba mai sunkuyar da kai ba ne. Da hukumar badminton ta ƙasa, PBSI, ta rabu da kocinsa Mulyo Handoyo, kocin ya koma Singafo, sai yaron ya bi shi can, har aka shiga fargabar zai koma yi wa wata ƙasa wasa. Sai da aka lallaso shi, kuma kafin gasar Atina aka dawo masa da kocinsa. A gasar Hong Kong ta 2006 kuwa, ana 'yan mintuna da fara wasansa da Lin Dan, aka yanke hukunci kan ko ƙwallo ya faɗi ciki ko waje, bai yarda ba, ya tattara kayansa ya fice daga fili. A 2009 ya bar sansanin ƙasa gaba ɗaya ya koma cin gashin kansa. Mutumin da ke barin fili saboda layi ɗaya ke nan.

Yadda ya shiga gidan gwamnati

A 2006 ya auri Ami Gumelar. Mahaifinta Agum Gumelar janar ne mai ritaya, ya yi ministan sufuri, ya shugabanci hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasar, kuma daga 2003 zuwa 2007 shi ne shugaban KONI, majalisar da ke kan duk wasannin Indunusiya. Mahaifiyarta Linda Gumelar ta yi ministar harkokin mata daga 2009 zuwa 2014. Aure nufin Allah ne, ba wanda zai ce lissafi aka yi. Sai dai duk mai son fahimtar yadda ɗan wasa ya san hanyar ofisoshin Jakarta ba zai tsallake gidan surukansa ba.

Ya buɗe cibiyar horo mai sunansa a Ciracas, gabashin Jakarta, a 2012, ya yi ritaya a 2013. A 2016 aka ba shi mataimakin shugaban Satlak Prima, hukumar da ke shirya manyan 'yan wasa don gasannin waje. Ta nan kuɗin horo, alawus, kayan aiki da tafiye-tafiye suke bi. Daga baya ya zama mai ba minista Imam Nahrawi shawara na musamman. A 2018 ya ɗan leƙa jam'iyyar Demokrat ta tsohon shugaban ƙasa Susilo Bambang Yudhoyono, bai daɗe ba ya fita.

Satlak Prima ba ta yi ƙarko ba. A gasar ƙasashen kudu maso gabashin Asiya ta 2017 a Kuala Lumpur, Indunusiya, duk girmanta, ta ƙare ta biyar da zinare 38, 'yan wasa suna kukan jinkirin alawus da kayan horo. Shugaba Joko Widodo ya rushe hukumar a wannan shekarar. A Disamban 2018 hukumar yaƙi da cin hanci, KPK, ta kama jami'an ma'aikatar da na KONI kan kuɗin tallafi, zaren ya yi ta warwarewa har ya kai kan ministan, wanda ya sauka a Satumban 2019.

Biliyan ɗaya

Ga abin da ya fito daga shaidar Taufik. Wani jami'in kasafin kuɗi na Satlak Prima ne ya roƙe shi ya miƙa saƙo ga mai taimaka wa minista. Aka kai kuɗin gidansa. Mai taimaka wa ministan ya zo gidan ya ɗauka. Shi ke nan. Rupiya biliyan 1 a lokacin ta kai kimanin sefa miliyan 40. Cikin dukan shari'ar ba wani babban kaso ba ne, don cin hancin da aka tuhumi ministan da shi kan tallafin KONI kaɗai biliyan 11.5 ne. Kotu ta ɗaure Imam Nahrawi shekara 7 a watan Yunin 2020. Shi ministan ya musanta karɓar kuɗin, har ya ce in haka ne Taufik ma ya kamata a tuhuma, tunda ta hannunsa suka bi. Ba a tuhume shi ba. A matsayin shaida ya shiga, a matsayin shaida ya fita, kuma babu kotun da ta ce ya ci ko sisi.

A nan ne nake son mu dakata, domin wurin ya yi kama da gida.

Duk wanda ya tashi a gidan Bahaushe, a Garwa ne ko Ngaundare ko Kusuri, ya san aike. Babba ya kira ka ya ce, "Ɗana, zo ka miƙa wa Alhaji wannan," amsarka ɗaya ce, "To, Baba." Ba ka buɗewa, ba ka tambayar mene ne a ciki, kuma in ka tambaya an ce ba ka da tarbiyya. Wannan hali mai kyau ne a tsakar gida. Matsalar ita ce mutum yakan girma, ya shiga ofis, ya tafi da shi yadda yake. Ɗan wasa kuma nasa ya ninka, don tun yana ƙarami rayuwarsa umarni ce: koci ya ce tashi, ya tashi, ya ce zagaya fili sau goma, ya zagaya.

Da wannan bayanin ya wadatar, da an huta. Amma bai dace da Taufik ba. Mun ga shi ba mai "to, Baba" ba ne. Ya ja da hukumarsa, ya ja da alƙalan wasa, ya taɓa barin ƙasa saboda kocinsa. Me ya sa wanda ya ƙi haɗiye hukuncin layi ɗaya ya haɗiye saƙon biliyan ba tambaya?

A ganina amsar tana cikin abin da ya sani da abin da bai sani ba. A fili ya san doka kamar tafin hannunsa, ya san inda layi yake, shi ya sa yake da ƙarfin gardama. A ofis ba a koya masa ba. Kuɗin gwamnati suna da hanyarsu: akwai wanda ke ba da izini, akwai mai sa hannu, akwai takardar da ke bin kowane kashi, akwai rasit. Wanda ya san wannan, da an ce masa tsabar kuɗi za su kwana a gidansa, jikinsa zai ba shi. An ɗora Taufik a kujera ta biyu ta hukumar da ke juya biliyoyi ba tare da ya goge a aikin ofishin gwamnati ba. Kuma ga masu son kuɗi su wuce salin-alin, babu ɗan aiken da ya fi zakara: ba a tare shi a ƙofa, ba a bincika motarsa, minista yana ɗaukar wayarsa. Sunan da ya sa aka ba shi kujerar, shi ne ya sa ya yi daɗin aike.

Ban ce wannan ya wanke shi ba. Mutumin da ya haura shekara 30, ya zaga duniya, ya sa hannu a kwantiragi da kamfanoni, ba ya bukatar digirin akanta kafin ya san cewa ba a kai kuɗin hukuma gidan mutum. Shi kansa bai ɓoye ba. Kwanaki kaɗan bayan shaidarsa, a shirin hira na Deddy Corbuzier da ake sakawa a YouTube, ya amsa cewa ya yi kuskure, bai yi dogon tunani ba. A wannan hirar ce ya yi maganar da ta zaga ƙasar, cewa ɓeraye sun yi yawa a ma'aikatar, ko wa aka naɗa minista ba abin da zai canja sai an rushe rabin ginin. Jama'a suka yi ta yaba masa da faɗin gaskiya. Ni dai abin da ya zo mini shi ne, in ɓera na da sata, daddawa ma na da wari. Kuma ya faɗi maganar ne bayan KPK ta kira shi, ba lokacin da yake zaune a cikin ginin ba.

Akwatin zaɓe ya ƙi, naɗi ya karɓa

Wanda ya ji hirar nan zai ɗauka Taufik ya yi sallama da gwamnati. Sai ga shi a zaɓen 14 ga Fabrairun 2024 yana neman kujerar majalisar dokoki ta ƙasa a jam'iyyar Gerindra ta Prabowo Subianto, a mazaɓar da ta haɗa yankin Bandung, wato gida. Tsarin zaɓen Indunusiya yana ba mai ƙuri'a damar zaɓar sunan mutum a cikin jerin jam'iyya, shi ya sa jam'iyyu suke cika jerinsu da 'yan fim da mawaƙa da 'yan wasa. Ko tauraron bai ci ba, ƙuri'un da ya jawo suna shiga lissafin jam'iyya, su taimaka wa wani ya samu kujera. In akwai tsarin da suna kaɗai zai ci zaɓe, to wannan ne. Taufik bai ci ba.

Wannan faɗuwar ta fi duk kofunansa koyarwa ga mai nazarin siyasa. Mutanen da suka yi kukan murna a 2004 ba su daina ƙaunarsa ba. Amma ranar zaɓe mutum yana tuna wanda ya zo ta'aziyyar mahaifinsa, wanda ya gyara hanyar kasuwa, wanda ke da mutane a kowace unguwa suna ƙwanƙwasa ƙofa. Ga kuma shekara 20 tsakanin zinaren da zaɓen. Da yawa daga cikin matasan da suka fara jefa ƙuri'a a 2024 ba a haife su ba ranar wasan Atina.

Prabowo ya ci shugabanci, aka rantsar da shi 20 ga Oktoban 2024. Washegari aka rantsar da mataimakan ministoci sama da 50, cikinsu har da Taufik Hidayat a ma'aikatar matasa da wasanni, ƙarƙashin minista Dito Ariotedjo. Ginin da ya ce a rushe rabinsa, yanzu yana da ofis a samansa.

Mu wannan ba baƙon abu ba ne a wurinmu. A Kamaru jerin 'yan takarar majalisa mai kujeru 180 jam'iyya ce ke tsara shi, mai ƙuri'a jerin yake zaɓa, ba mutum ba. A majalisar dattawa, 30 cikin 100 shugaban ƙasa ne ke naɗa su. Muƙami yakan zo ne ranar da aka karanto sunan mutum a rediyo, kamar yadda Roger Milla ya zama jakada na musamman. Don haka ɗan wasanmu da ke mafarkin siyasa ya fi na Indunusiya dogaro da manyan jam'iyya, wanda kuwa aka naɗa, wanda ya naɗa shi yake kallo. George Weah da ake yawan kafa misali da shi, ta akwati ya bi: ya faɗi a 2005, ya koma karatu, ya yi sanata, sannan ya hau mulkin Laberiya a 2018. Hanyarsa daban ce da wadda muke magana.

Misalin da ya fi kusa da mu ɗan Garwa ne, marigayi Alhaji Issa Hayatou, Allah ya jiƙansa, wanda ya rasu a Paris a Agustan 2024. Shi ma ɗan wasa ne, zakaran ƙasa a gudun mita 400 da 800. Shi ma yana da gida a bayansa: ɗan Lamiɗo ne, ɗan'uwansa Sadou Hayatou ya yi firaminista daga 1991 zuwa 1992. Bambancin yana cikin matakala. Hayatou ya koyar da wasannin motsa jiki, ya zama sakataren FECAFOOT, hukumar ƙwallon ƙafa ta Kamaru, a 1974 yana da shekara 28, ya yi daraktan wasanni na ƙasa, ya shugabanci FECAFOOT, sannan a 1988 ya hau CAF, hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka, inda ya zauna har 2017. Shekara 14 yana cikin takardu da taruka kafin babbar kujera. Ana iya saɓani kan yadda ya yi mulkinsa, kuma an yi, amma babu wanda ya taɓa ɗaukarsa ɗan aike. Taufik daga raga aka ɗauko shi aka dire a kusa da baitulmali.

Inda lamarin yake

Adalci ne a ce Taufik na 2024 ba na 2016 ba ne. Ya ga yadda ake kama mutane, ya zauna gaban masu bincike, ya san hanyoyin da kuɗi ke ɓacewa don ya taɓa tsayawa a kan ɗaya. Kuma ya dawo a lokacin da ake bukatar wanda ya san wasan. A Olamfik ta Paris a 2024 badminton bai kawo wa Indunusiya zinare ba, sai tagullar Gregoria Mariska Tunjung. Zinare biyun da aka samu daga hawan bango da ɗaga nauyi suka fito. Aka sake shugabancin PBSI, babban jami'in 'yan sanda Fadil Imran ya hau, Taufik ya zama mataimakinsa, tsohon kocinsa Mulyo Handoyo ya dawo sansanin Cipayung.

Nan kuma wata matsalar ta ɓullo, wadda ba ta shafi jaka ko gida ba. Ma'aikata ce ke ba hukumomin wasanni tallafi, ita ce kuma ke bin bahasin yadda aka kashe. Mutum ɗaya yana mataimaki a wurin mai bayarwa, yana mataimaki a wurin mai karɓa. Ko da zuciyarsa fara ce fes, shugaban hukumar dambe ko ta ninƙaya da aka rage wa kaso yana da hujjar yin ƙorafi. A tsakiyar 2025 aka ƙara masa kujera ta uku, a hukumar sa ido ta wani reshen kamfanin wutar lantarki na gwamnati, PLN, harkar da ba ta haɗa komai da raket ba. Ba shi kaɗai ba ne; mataimakan ministoci da dama an ba su irin wannan a kamfanonin gwamnati. A ƙarshen Agustan 2025 kotun tsarin mulki ta yanke cewa mataimakin minista ba zai haɗa muƙaminsa da irin wannan kujera ba, ta ba gwamnati shekara biyu ta gyara. A watan Satumba aka sauke Dito Ariotedjo, Erick Thohir, shugaban hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasar, ya karɓi ma'aikatar, Taufik kuma ya ci gaba da zama mataimaki.